Jawabin Baƙo Mai Magana a Bikin Buɗe Ɗakin Karatu a Yelwan Yauri

 

Mai Martaba Sarkin Yauri, Allah ya ja zamaninka, ya ƙara maka lafiya da nisan kwana. Hakimai da dagatai da suka taso daga Ngaski da Shanga da Birnin Yauri, sarakunan ruwa, malamanmu na zaure da na aji, iyayenmu mata, shugaban taro, 'yan kwamitin da suka yi ɗawainiyar wannan gini, da ku ɗalibai da aka jera can baya cikin rana alhali dominku aka yi abin, assalamu alaikum wa rahmatullah.

Kwamiti ya nemi in yi magana a kan amfanin karatu. Wannan kuwa babu wanda bai sha jinsa ba tun yana firamare, don haka na roƙi alfarma a bar ni in tsaya a kan kanta guda daga cikin kantocin ɗakin nan. Kanta ce da aka cika da littattafan da Turawa suka rubuta game da kansu: wane ne mai shi a cikinsu, wane ne mara shi, wane ne a tsakiya, kuma yaya ake gadon kowane matsayi. Na ji wani dattijo yana tambaya, me ya haɗa ɗan masunci na Warra da talaucin Bature? Tambaya ce mai kyau, kuma ita zan yi ƙoƙarin amsawa.

Turawa sun daɗe suna tona asirin kansu a takarda. A 1845 Friedrich Engels, wanda shi kansa ɗan mai masaƙa ne, ya fitar da littafi a kan yadda leburorin birnin Manchester ke kwana a lunguna masu ɗoyi. A 1937 George Orwell ya ba da labarin zamansa da masu haƙar kwal a arewacin Ingila, har cikin ramin ya shiga da rarrafe. A 2013 wani masanin tattalin arziki na Faransa, Thomas Piketty, ya tattara takardun haraji da na rabon gado na sama da shekara 200, ya nuna cewa muddin ribar dukiya ta fi bunƙasar tattalin arzikin ƙasa sauri, to mai gado zai ci gaba da tsere wa mai gumi, komai ƙwazon mai gumin.

Amma waɗanda suka fi taɓa ni ba masu lissafin kuɗi ba ne. Pierre Bourdieu, a littafinsa na 1979, ya ce ba dukiya kaɗai ake gada ba. Ana gadon yadda ake magana, da yadda ake zama a gaban manya, da sanin ƙofar da ake ƙwanƙwasawa, sannan makaranta ta zo ta auna waɗannan abubuwan ta ce ta auna basira. Wata Ba'amurkiya, Annette Lareau, ta shiga gidaje 12 ta zauna da su, ta fitar da littafinta a 2003. Ta ga 'ya'yan masu hali ana koya musu su yi wa likita da malami tambaya, su nemi bayani. 'Ya'yan marasa hali kuwa sun taso suna ganin iyayensu na shiru a gaban duk wani mai biro. Ba ina cewa mu zubar da kunya da ladabi ba, Allah ya kiyaye. Amma duk wanda ya taɓa raka mara lafiya daga ƙauye zuwa asibiti ya san bambancin wanda ke iya cewa "Likita, wannan maganin na mene ne?" da wanda zai karɓi takarda da hannu biyu ya fita bai san abin da ke damunsa ba.

Sai kuma Richard Hoggart, maraya da kakarsa ta rena a unguwar talakawa ta birnin Leeds. A littafinsa na 1957 ya yi babi a kan yaron da karatu ya ɗaga shi daga gidansu, ya wayi gari bai zama ɗan manya ba, kuma ya daina jin daɗin hira da 'yan uwansa. Da yawa daga cikin masu manyan riguna a rumfar nan, har da mai magana, in suka karanta wannan babin za su yi shiru.

To, tsanin matsayi na Bature ba irin namu ba ne. Shi masana'anta da albashi suka sassaƙa masa nasa. Namu sarauta ce da asali da sana'a da malanta da fatauci, kuma ba mu jira Bature ya koya mana ganin zalunci ba. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a Kitabul Farƙi, ya lissafa irin kuɗaɗen da masu mulkin zamaninsa ke tatsa daga talakawa, ya kira su da sunayensu na Hausa. Ranar 8 ga Agusta 1950 aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, sanarwarta ta Sawaba kuma ta fito fili ta ce akwai gwagwarmaya tsakanin talakawa da masu riƙe da En'e. Allah ya ba ka nasara, ba tsokana nake yi ba, tarihi nake karantowa, kuma na san a gaban wanda ya shugabanci jami'a nake tsaye. Marubutan ƙagaggun labarai ma ba su yi barci ba. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa labarin bauta ne. In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, da matasa suka yi ta rububinsa a farkon shekarun 1990, gaba ɗayansa a kan 'yar masu kuɗi ne da ta so ɗan talaka.

Inda muka gaza shi ne wajen bin diddigi. Wannan aikin baƙi suka fi yi mana shi, kuma da Turanci. M. G. Smith ya yi bincike a ƙasar Zazzau, ya rubuta a 1959 yadda Bahaushe ke jera sana'o'i, masu sarauta a sama, malamai da attajirai na biye, mahauta da makaɗa da maroƙa a ƙasa, da yadda sana'ar gado ke fin ta shigege daraja. Polly Hill ta zauna a Batagarawa kusa da Katsina, littafinta ya fito a 1972, ta rushe tunanin cewa mutanen ƙauye duk ɗaya suke a talauci. Ta kasa magidanta kashi huɗu bisa yadda rumbun kowa ke kai shi. Ta nuna akwai wanda talaucinsa ya kai ba ya iya noma gonarsa, domin da damina dole ya tafi ƙwadago gonar wani ya samo na tuwon dare. Da kaka ya sayar da ɗan abin da ya samu da araha, mai hali ya saya ya adana, ya sake sayar masa da tsada in abinci ya yanke. Ku cire hatsi ku sa albasa ko shinkafa, ku gaya mini ko labarin bai iso bakin kogin nan ba.

Yanzu bari mu dawo gida. Ƙasar Yauri ba ta da ƙarancin masana. Ta ba Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo shugabanni biyu, Farfesa Mahdi Adamu ɗan Ngaski da kuma Mai Martaba da kansa. Farfesa Mahdi ya fara da binciken mulkin Yauri a ƙarni na 19 a Jami'ar Ahmadu Bello a 1968, kafin littafinsa na 1978 a kan rawar da Hausawa suka taka a tarihin Afirka ta Yamma. Wani Ba'amurke, Frank Salamone, ya zauna a nan a farkon shekarun 1970, ya rubuta yadda Bagunge da ke son matsayi ke komawa gari, ya sauya harshe da tufafi, 'ya'yansa su tashi a matsayin Hausawa. Ko mun yarda da duk abin da ya faɗa ko ba mu yarda ba, ya taɓo wani mataki na tsaninmu da ba mu cika son ambata a taro ba: a ƙasar da Gungawa da Kambari da Dukkawa da Shangawa da Lopawa suke zaune tun kaka da kakanni, harshen da yaro ya tashi da shi yana iya zama abin da zai buɗe masa ƙofa ko ya rufe. Wannan shi ne zancen Bourdieu, sai dai a bakin Kwara.

Sannan ga dam. An gama ginin madatsar Kainji a 1968, ruwa ya cinye tsohuwar Busa da tsibirai da fadamu, aka tashi mutum kimanin 44,000. Cikinsu akwai Gungawan da suka gaji noman albasa a tsibiransu, aka kai su tudu, aka ba su gidajen da wani ya zana a ofis. Wutar da aka samu ta haskaka Legas da Kaduna, har Yamai take zuwa. Amma akwai ƙauyukan bakin tafkin nan da har yau da fitilar hannu yara ke bitar karatu. Dokar kafa hukumar HYPPADEC, wadda za ta kula da yankunan da madatsun ruwa suka shafa, an sa mata hannu a 2010, ba ta fara aiki ba sai bayan kusan shekara 10. In akwai wani rabon riba da asara tsakanin mai shi da mara shi da ya fi wannan fitowa fili a tarihin Nijeriya, a nuna mini. Waɗanda aka tasa ɗin suna yara a lokacin, yau sun haura 60. Wa ya zauna da su ya rubuta abin da suka bari a ƙarƙashin ruwa, da harshen da za su iya ji in an karanta musu?

A kan ruwan ma akwai tsani. Akwai mai jirgi da inji da taru, akwai mai ja masa a raba a ba shi ɗan kaso. Akwai dillalin da ke ba da koma bashi, sharaɗin kuwa duk abin da aka kama nasa ne a farashin da ya yanka. Akwai matan da hayaƙin banda ke cin idonsu, kifin ya tafi Onica da Legas ya ninka kuɗi a hannun da bai taɓa jiƙewa ba. Tun da aka cire tallafin man fetur a Mayun 2023, ƙaramin mai inji da yawa ya koma filafili. Ranar 26 ga Mayu 2021 jirgin da ya ɗauko mutum fiye da 150 ya nutse kusa da Warra, kaɗan suka tsira. Allah ya jiƙansu da rahama. Ajali ba ya wuce lokacinsa, mun yi imani, amma mun kuma san wane ne ke shiga tsohon jirgi da aka yi wa lodin wuce kima, da wane ne ke da motar da zai zagaya ta titi. Bayan mako 3, ranar 17 ga Yuni, 'yan bindiga suka shiga Kwalejin Gwamnatin Tarayya ta Birnin Yauri suka kwashi ɗalibai da malamai, wasu 'yan matan sai a 2023 suka dawo. Bayan irin wannan tashin hankali, mai hali yana iya mai da ɗansa makarantar kuɗi a wani gari. Mara hali zaɓinsa biyu ne, ya tura da fargaba ko ya zaunar a gida.

Na tsakiya fa? Littattafan can suna kwatanta mai matsakaicin hali da mutum mai gida nasa, 'ya'ya biyu, ajiya a banki da fansho. Namu shi ne mai rufin asiri: malamin makaranta, ma'aikaciyar jinya, akawun ƙaramar hukuma, mai shago a kasuwa. Ya ɗan sha iska lokacin ƙarin albashin Udoji na 1974, tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya karya masa ƙugu, kuma tun daga nan bai miƙe sosai ba. Yau mafi ƙarancin albashi Naira 70,000 ne, Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa kuwa ta ce a 2022 'yan Nijeriya miliyan 133, kashi 63 cikin 100, suna cikin talauci ta fuskoki da dama. Albashin mai rufin asirinmu ba nasa ba ne shi kaɗai. Akwai kuɗin makarantar ƙanne, da maganin gwaggo, da gudummawar biki da suna. Masanin Turai zai ce wannan ne ke hana shi tara jari, kuma ta fuskar lissafi bai yi ƙarya ba. Ni kuwa a ganina wannan zumuncin ne ya hana ƙauyuka da yawa durƙushewa, a inda gwamnati ba ta biyan mara aiki ko sisi. Abin da nake tsoro shi ne ranar da 'ya'yanmu masu digiri za su karanta rabin littafin, su ɗauki katanga mai tsawo da ƙofar ƙarfe, su bar harajin da Bature ke biya a kula da talakansa.

Saboda haka amsata ga dattijon nan ita ce: kada ɗan masunci ya nemi hotonsa a littattafan nan, ba zai samu ba. Ya nemi hanyar aikin. Mutanen nan sun je da ƙafarsu, sun zauna, sun ƙirga, sun tambayi wanda ba a saba tambaya ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma sai ya nuna wurin kafin a yaɓe.

Ina da roƙo ga kwamiti. A ware kanta guda a bar ta babu komai, a rubuta mata suna, ta zama ta abin da 'ya'yan ƙasar nan za su rubuta da Hausa, da harshen Gungawa da na Kambari ga wanda ya iya. Ku ɗalibai, kusan kowannenku na iya aron waya mai ɗaukar murya. Ku fara da tsofaffin da aka taso daga tsibirai, tun suna raye. Ku je bakin kasuwar kifi ku rubuta nawa masunci ya karɓa, nawa dillali ya sayar. Ku tambayi iyayenku mata nawa ake bin su bashi, nawa suke bi. Malamai su duba, a buga ko da da injin hoto ne, a ajiye kwafi a nan. Attajiranmu kuma da za a kira su yi alkawari nan da ɗan lokaci, ina tuna muku cewa gini ba ya sayen littafi, kuma mai kula da ɗakin nan yana da iyali. A sa albashinsa da kuɗin wutar sola cikin lissafi, a kuma bar ƙofar a buɗe da yamma, lokacin da yaran da ke talla da su suke samun sarari.

 Allah ya ba ka nasara, almakashi na hannun shugaban taro, muna roƙon ka taso ka buɗe mana.