A Dawo da Majigi, a Nuna Ciwon da Ba Ya Jini



Tun 1990 da Turmin Danya ya fito a Kano muke kallon fim da harshenmu, amma mai taɓin hankali matsayi biyu kawai aka ba shi: ko ya fito da tsumma yara na jifa mu yi dariya, ko a ce kishiya ce ta yi masa asiri. Ina manomin da ya bar masararsa a gona saboda 'yan bindiga, barci ya ƙaurace masa? Ina ɗaliban Ƙanƙara sama da 300 da aka kora daji a Disambar 2020? Sun dawo gida, an yi murna. Wa ya koma ya tambayi yadda suke kwana?

Wasu na cewa likita ne maganin wannan ciwo, fim shagala ce. To su tuna 2018. Tun 2017 aka faɗa a Majalisar Dattawa cewa ana shan kwalabe miliyan 3 na kodin kullum a Kano da Jigawa. An ji, an girgiza kai, an tashi. Sai BBC ta fitar da fim guda, kowa ya ga matasa ɗaure da mari a gidan gyaran hali a Kano, ya ga yadda kwalbar ke fitowa ta bayan gida daga kamfani zuwa kasuwa. Cikin kwanaki kaɗan gwamnatin tarayya ta hana haɗa maganin tari mai kodin da shigo da shi, NAFDAC ta rufe kamfanoni uku. Alƙaluman ba su canza ba. Ido ne ya gani. Gani ya kori ji.

Masu cewa fim na ɓata tarbiyya kuwa, laifin mai riƙe da kyamara ne. Kakanninmu a ƙasar Funtuwa da majigi aka koya musu sabbin dabarun noman auduga.

Buƙatuna uku ne. Ƙaramar hukuma ta dawo da majigi dandalin Kafur da Masari da Gozaki. Matasanmu su ɗauki gajerun finafinai da wayoyinsu, da yardar masu ciwon da iyalansu, likita na duba labarin kafin a nuna. Ɗaliban zane na Jami'ar Ahmadu Bello su zo makarantunmu, domin yaron da ya kasa faɗin abin da ya gani a daji yakan iya zana shi.

Dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da aka sanya wa hannu a 2023 ta maye gurbin ta 1958, amma doka ba ta shiga zaure. Uwar da ta ga irin ɗanta a majigi ita ce za ta kwance marin, ta kai shi asibitin ƙwaƙwalwa a Barnawa ko Dawanau.