Masu Rawanin Fanjab



Duk mai kallon finafinan Indiya ya saba ganin mutanen nan masu naɗa rawani tsaf, ga gemu, ga munduwar ƙarfe a hannu. Wasu kan ɗauka Musulmi ne, wasu su ce Hindu. Ko ɗaya. Mabiya addinin Sikh ne, wanda Guru Nanak, haifaffen 1469 a yankin Fanjab, ya assasa. Ubangiji ɗaya suka yarda da shi, ba sa bautar gunki. A wuraren ibadarsu kuwa ana dafa abinci kyauta, attajiri da talaka su jeru a ƙasa su ci tare.

Littafin addininsu ne ya fi jan hankalin masana. Guru Arjan ya tattara shi a 1604, har da baitocin Shehu Farid, wani sufi Musulmi, a ciki. Amma nazarin bai zo da sauƙi ba. A 1968 W. H. McLeod, ɗan New Zealand, ya tankaɗe labaran rayuwar Nanak ya ce kaɗan ne tarihi ya tabbatar, aka yi masa ca. A 1994 sai da aka gurfanar da wani masani, Pashaura Singh, gaban majalisar addinin Sikh a Amritsar saboda kundin digirinsa kan yadda aka tattara littafin.

Sanin addinin wani ba shiga cikinsa ba ne. Malamin Musulmi Albiruni ya rubuta littafi sukutum kan addinan Indiya tun wajen 1030, bai kuma bar Musulunci ba. Malaman jami'o'inmu na Katsina da Dutsin-Ma, ku ba irin wannan nazari muhimmanci.