Daga Situdiyon Sakkwato Zuwa Kasuwar Duniya: Yadda Aka Haɗa Kundin Afrique Victime da Yadda Aka Karɓe Shi



A ranar 21 ga Mayu 2021 kamfanin Matador na birnin New York ya fitar da kundin waƙoƙi mai suna Afrique Victime, na Mdou Moctar da 'yan ƙungiyarsa. An buga shi a baƙin faifai irin na garmaho, an kuma sa shi a intanet kamar kowane kundi na zamani. Sai kamfanin ya ƙara da wani abu: ya samo tsofaffin wayoyin Nokia 6120 'yan ƙalilan, ya loda musu waƙoƙin, ya sa su a kasuwa. Ga mai saye a Amurka, wayar kayan marmari ce da za a ajiye a kanta ana nuna wa baƙi. Ga mutumin Madekali kuwa, ko na Malanbil, ko na Gaya da Kamba, babu abin mamaki a ciki. Haka waƙa ta saba zuwa masa: ya miƙa memori ga mai tura waƙoƙi a bakin kasuwa, ya biya 'yan kuɗi kaɗan, a cika masa, in ya koma gida abokai su kwashe ta Bluetooth.

Abin da wannan takarda ke son nunawa shi ne, kundin da jaridun Turai da Amurka suka yi ta yabo tushensa na nan kusa da mu, a wani situdiyo na ƙasar Hausa da kuma irin kasuwannin da muke ci kullum, kuma wannan ɓangaren na labarin shi ne aka fi saurin tsallakewa.

Sunan Mdou Moctar na yanka Mahamadou Souleymane. Buzu ne, daga yankin Abalak da Cintabaradan a jihar Tawa ta Nijar. Ya taso a gidan da ba a maraba da kiɗa, don haka gitarsa ta farko da hannunsa ya haɗa ta, da katako da wayoyin birkin keke. Bahago ne, abin da daga baya ya zama alamarsa a dandali. Wanda ya sa masa son gita shi ne Abdallah Oumbadougou, ɗaya daga cikin iyayen kiɗan gitar Buzaye a Nijar, wanda ya rasu a 2020. Kamar dubban samarin arewacin Nijar, Mdou ya je ci-rani Libiya, ya dawo, ya shiga kiɗan biki.

A 2008 ya shigo Sakkwato ya ɗauki kundinsa na farko, Anar.

A nan ya kamata a ɗan dakata, domin duk wanda ya saurari Anar da kunnen Bahaushe zai gane inda aka dafa shi. A wancan lokaci situdiyoyin arewacin Najeriya sun riga sun ƙware a wani salo da waƙoƙin fina-finan Hausa suka haifar: fiyano ta Yamaha ita ce ganga, ita ce sarewa, ita ce komai, sannan a bi muryar mawaƙi da manhajar Auto-Tune har ta riƙa rawa kamar ana kaɗa zare. Kamfanin Antares ya ƙirƙiro manhajar a 1997 don gyara muryar da ta kauce, a yi gyaran a ɓoye kada mai sauraro ya lura. Masu haɗa sauti na Kano da Sakkwato ba su ɓoye ta ba. Sun murɗa ta har ƙarshe, suka mai da ita ado. Wannan adon aka yafa wa waƙoƙin Tamashek, harshen Buzaye, na wani saurayi da ya zo da gitarsa daga Nijar. Abin da ya fito ba kiɗan Buzaye ba ne irin wanda aka sani daga ƙungiyar Tinariwen, ba kuma waƙar fim ba ce. Sabon abu ne, kuma in ana maganar gwaji a kiɗa, a wannan ɗakin aka fara yin sa, shekaru da dama kafin Mdou ya shiga wani babban situdiyo na Amurka da cikakkiyar ƙungiya.

Ba kamfanin da ya fitar da Anar a lokacin. Daga waya zuwa waya ya yi ta yawo, ya ƙetare iyakoki ba tare da fasfo ba, sau da yawa ma ba sunan mai waƙar a jikin fayil ɗin. A arewacin Mali wani Ba'amurke mai suna Christopher Kirkley, da ke tattara waƙoƙi daga wayoyin mutane, ya ci karo da waƙar “Tahoultine”. Ya sa ta a faifan Music from Saharan Cellphones wanda kamfaninsa, Sahel Sounds na birnin Portland, ya fitar a 2011, ya kuma bi sawu har ya gano mai ita. Shi ne dai ya fitar da Harafin So a 2013, tarin waƙoƙin fina-finan Hausa, wato kunnensa ya riga ya kama alaƙar da ke tsakanin sautukan biyu. Sai a 2014 Anar ya samu fitowa a baƙin faifai, shekara shida bayan 'yan Sahel sun gama haddace shi.

Daga nan abubuwa suka bi juna da sauri: Afelan a 2013, fim da harshen Tamashek a 2015 wanda aka gina kan fim ɗin Purple Rain na mawaƙi Prince, sai Ilana a 2019, wanda aka ɗauka a birnin Detroit, kundi na farko da ƙungiyar ta yi a situdiyo gaba ɗayanta.

Afrique Victime ba a ɗaki ɗaya aka yi shi ba. Mutum huɗu ne: Mdou a babbar gita da murya, Ahmoudou Madassane a gita mai riƙe amo, Souleymane Ibrahim a ganguna, sai Mikey Coltun, Ba'amurke, mai gita mai kaurin murya, wanda kuma shi ne ya haɗa sautin kundin. Mafi yawan aikin an yi shi ne a kan hanya, lokacin da suke zagayen wasanni a 2019. Inda aka samu situdiyo a shiga, inda ba a samu ba a kafa makirfo a ɗakin otal, ko a bayan dandali kafin a kira su, wani abin kuma a Nijar aka ɗauko shi. Coltun kan taso daga New York a jirgin sama, ya sauka Yamai, sannan ya shafe fiye da kwana guda a bas kafin ya isa Agadas, don kawai ya yi kiɗan biki tare da sauran. Wannan wahalar ta biya. Ƙungiyar da ta saba kaɗawa a fili, da janareta da tsofaffin lasifikoki, gaban 'yan rawa da ba su yarda a sassauta musu ba, ba ta buƙatar a koya mata yadda ake ɗaga kiɗa. Matsalar mai haɗa sauti ita ce yadda zai shigo da wannan zafin cikin faifai ba tare da ya huce ba.

Waƙoƙi tara ne a kundin. Ta farko, “Chismiten”, tana buɗewa da carar zakara da takun mai tafiya, sautin asubahin kowane ƙauye daga Agadas har bakin Kwara, kafin gita ta faso. Maganarta kan hassada ce. “Tala Tannam” a sanyaye take, da gita marar lantarki da tafi da amshi, irin waƙar da ake yi bayan an sha shayi na uku. Waƙar da kundin ya ci sunanta kuwa ta wuce minti bakwai, kuma kan abin da mulkin mallakar Faransa ya bari a Afirka take magana. Tana farawa da tafiyar raƙumi, ganga na ƙara sauri kaɗan-kaɗan ba tare da mai sauraro ya ankara ba, har a kai inda gitar ke kuka da gurnani kamar injin da aka matsa wa. Ga ɗan ƙasar da aka haƙi yuraniyom a Arlit shekaru da dama alhali ƙauyukanta na kwana a duhu, wannan kukan ba ado ba ne.

Yabo ya zo daga ko'ina. Manyan jaridu da mujallun kiɗa na Amurka da Ingila sun sa kundin a jerin waɗanda suka fi fice a 2021. Kalmar da suka fi maimaitawa ita ce saikadelik, sunan da aka ba wani salon kiɗan Turawa na shekarun 1960, mai dogon tsinken gita da sauti mai juya kai, wanda tun asali ake dangantawa da shan ƙwaya. Suka kuma laƙaba wa Mdou sunan Jimi Hendrix na Sahara.

Mai wannan takarda na ganin kwatancen yana da gaskiya, amma guntuwa ce. Gaskiya ne Mdou ya kalli bidiyoyin makaɗin gita Eddie Van Halen ya ɗauki dabarar buga igiyar gita da kan yatsu, bai kuma ɓoye hakan ba. Sai dai kiɗan da ke maimaita kansa yana ƙara sauri har hankali ya bar jiki ba a ƙasar Turawa aka fara shi ba. Duk wanda ya taɓa tsayawa a wurin da ake goge da ƙwarya a ƙasar Dandi ko Zabarma, ko ya ji garaya a ƙasar Hausa, ko takamba a wurin Buzaye, ya san wannan hawan. Kuma Mdou Musulmi ne mai riƙo da sallarsa, ba ruwansa da al'adar da ta haifi waccan kalma. Idan marubuci a Landan ya ce Hendrix, yana ba masu karatunsa ƙofar shiga ne, ba laifi. Laifin yana zuwa ne idan aka tsaya a bakin ƙofar, aka ba da labarin kamar wani haziƙi ne ya ɓullo daga rairayi shi kaɗai har Turawa suka tsinto shi. A irin wannan labarin Sakkwato kan samu layi ɗaya. Mutumin da ya zauna gaban kwamfuta a 2008 ya murɗa muryar Mdou, da dubban masu tura waƙoƙi da suka yi wa Anar dillanci kyauta, ba su samun ko rabin layi.

A gida kuma karɓar ta sha bamban. Ba mai jiran sharhin mujalla. Ma'aunin mawaƙi shi ne ko ana kiransa biki, ko waƙarsa na cikin memorin direban da ke jigila tsakanin Tawa da Ƙonni. Kalmomin da Bature ke karantawa a fassara, Buzu na jin su kai tsaye. Bahaushe da Badande kuma, da ba su jin Tamashek, suna kama amon ne, kamar yadda suka daɗe suna kama waƙoƙin Indiya.

Arewacin Benin ya taɓa ganin irin wannan. A shekarun 1970 ƙungiyar Super Borgou ta Paraku, ƙarƙashin Moussa Mama, tana kiɗa da gitar lantarki tana waƙa da Barbanci da Dandanci, harshen da ake ciniki da shi yau a Madekali. Kamfanin Albarika Store, wanda ya yi fice da ƙungiyar Poly-Rythmo ta Kwatano, yana cikin waɗanda suka buga fayafayenta. Sannan aka manta. Sai a 2012 kamfanin Analog Africa na Samy Ben Redjeb, daga Jamus, ya tattaro waƙoƙin ya fitar da su da sunan The Bariba Sound. Ya cancanci godiya, shi da Kirkley duka, domin sun yi tattaki, sun nemi masu waƙa, sun rubuta sunayensu. Amma abin na da ciwo: saurayin arewacin Benin da ke son jin yadda kakanninsa suka kaɗa gita da harshensa, ta hannun wani kamfani na Jamus zai ji. Baƙin faifai ma ya fi memori tsawon rai. Faifan 1974 na iya kwana shekara arba'in a sito a same shi da rai. Memori kuwa in ya ƙone, ko aka goge shi don a sa sabon fim, shi ke nan. Waƙoƙin biki na Dandanci da Hausa da Zabarmanci da Fulatanci da ake ɗauka yau a ƙananan situdiyoyin wannan yanki, a kan irin wannan ƙwai suke zaune. Gidajen rediyon al'umma da ɗakunan karatu na makarantu za su iya fara adana su da kwamfuta ɗaya da littafin rubuta suna, shekara da wurin ɗauka, kuma masu tura waƙoƙi na kasuwar Malanbil su ne suka fi kowa sanin abin da ke akwai.

Mu koma kan Mdou. A ranar 26 ga Yuli 2023 sojoji suka kifar da gwamnatin Mohamed Bazoum a Yamai. Mdou da abokansa biyu 'yan Nijar suna zagayen wasa a Amurka, aka rufe iyakoki, suka maƙale a can, har masoya suka yi musu karo-karo a intanet don su samu abin zama. A wannan zaman jiran ne suka shiga situdiyo a Brooklyn suka sake ɗaukar waƙoƙin kundinsu na gaba, Funeral for Justice na 2024, da gita marar lantarki, aikin da ya fito a 2025 da sunan Tears of Injustice.

Juyin mulkin da ya tsare su a can shi ne ya rufe gadar da ta haɗa Malanbil da Gaya. Mutanen wannan yanki ba su buƙatar a ba su labari: sun ga manyan motoci jere kilomita bayan kilomita, sun ga albasa na ruɓewa a buhu. A Fabrairun 2024 ƙungiyar CEDEAO ta ɗage takunkumin da ta ƙaƙaba wa Nijar, Benin ta buɗe nata ɓangaren, Nijar ta bar nata a rufe. Fasinjoji suka koma kwalekwale, ana sauke su a wannan gaɓa a ɗauke su a waccan, da buhunansu da baburansu, kowa da wayarsa a aljihun gaba don kada ruwa ya taɓa ta.