Nawa Gidan Zai Tsaya a Ƙarshe? Lacca a Kan Jimillar Abin da Mai Rancen Gida Yake Biya

Lokacin da aka bayar kaɗan ne, saboda haka za a tafi kai tsaye ga maganar.

Babu wanda ya shigo wannan zaure da bai san Asusun Gidaje na Ƙasa ba, wanda aka kafa a 1992, ko kashi 2.5 cikin ɗari da ake cira daga albashin ma'aikaci duk wata, ko Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya da ke riƙe da kuɗin. Labarin ƙarancin gidaje kuwa an ji shi har an gaji, ba za a maimaita ba. Abin da mai wannan lacca ya daɗe yana jayayya a kai da abokan aikinsa masana tattalin arziki da jami'an da ke tallata rancen gida shi ne, ana nuna wa ma'aikaci lambobi biyu kawai: kuɗin ruwa na shekara, da abin da za a riƙa cira a wata. Lamba ta uku, wato jimillar abin da zai fita daga aljihunsa daga ranar da ya sa hannu zuwa ranar da za a mayar masa da takardun gidansa, da wuya a ji ta a talla ko a jawabin buɗe rukunin gidaje. Alhali ita ce kuɗin gidan na haƙiƙa.

A fara da rance mafi sauƙi a ƙasar nan, na Asusun Gidaje, wanda ruwansa kashi 6 ne a shekara, kuma ana iya shimfiɗa shi har shekara 30. A ɗauki ma'aikacin da ya karɓi naira miliyan 10 a kan waɗannan sharuɗɗa. Duk wata za a cire masa naira 59,955. Shekara 30 wata 360 ke nan, kuma idan aka buga lissafi za a samu kimanin naira miliyan 21.6. Ya ranci miliyan 10, ya mayar da ita, ya ɗora miliyan 11.6 a kai. Kuɗin ruwan ya fi uwar kuɗin yawa, a rancen da kowa ya yarda babu mai arha kamarsa.

Yadda ake raba abin da ya biya a kowane wata ya fi jimillar ma ban mamaki. A watan farko, cikin naira 59,955 ɗin nan, 50,000 cur kuɗin ruwa ne, 9,955 kacal ke rage bashin. Ba wata cuta aka yi masa ba, haka lissafin yake: ana ƙirga ruwa a kan ragowar bashi, kuma a farko bashin yana nan da cikarsa. Bayan shekara 10 yana biya babu fashi, ya zuba kusan miliyan 7.2, amma in ya je banki ya tambayi saura nawa, za a ce masa miliyan 8.37. Abin da ya ragu daga uwar kuɗin bai wuce miliyan 1.63 ba. Sai a cikin shekara ta 19 ne abin da ke tafiya ga uwar kuɗi zai fara rinjayar abin da ke tafiya ga ruwa. Wanda aka yi wa canjin wurin aiki a shekara ta bakwai ko ta takwas, ya so ya sayar da gidan ya biya banki ya riƙe canji, a ranar ne yake gano wannan, kuma a ranar sanin ba ya yi masa amfani.

Da wannan ma'aikacin ya zaɓi shekara 20, da biyan wata ya zama 71,643, jimilla kuma miliyan 17.2. Da shekara 15 ya zaɓa, 84,386 ne a wata, jimilla miliyan 15.2. Tsakanin wa'adin shekara 30 da na 20 bambancin wata bai kai naira 12,000 ba, amma bambancin ƙarshe ya haura miliyan huɗu. Mutum yana da ikon ya ce ba zai iya ƙarin dubu goma sha biyun nan ba, kuma ya yi gaskiya, amma ya kamata ya faɗi haka yana sane da abin da ya saya da ita.

To, wannan duk rancen gwamnati ne, kuma waɗanda suka samu ba su taka kara sun karya ba idan aka gwada da masu zuba kuɗi a asusun. Sauran jama'a bankin kasuwanci suke nufa, kuma nan ne hujjar wannan lacca ta fi ƙarfi. Babban Bankin Najeriya ya ɗaga ma'aunin kuɗin ruwansa daga kashi 11.5 a farkon 2022 zuwa kashi 27.5 a watan Nuwamba na 2024, saboda haka rance mai ruwan kashi 25 ba baƙon abu ba ne a kasuwa. A sake ɗaukar miliyan 10 ɗin nan a kan kashi 25. Idan wa'adin shekara 10 ne, biyan wata kimanin naira 227,500 ne, jimilla miliyan 27.3. Idan aka miƙa shi zuwa shekara 15, biyan wata ya sauko zuwa kimanin 213,600, jimilla ta hau miliyan 38.4. Idan aka kai shi shekara 20, biyan wata 209,800, jimilla miliyan 50.4.

A dubi waɗannan lambobi da kyau. Mutum ya ninka wa'adin bashinsa daga shekara 10 zuwa 20. Sauƙin da ya samu a wata naira 17,700 ne, kuɗin da bai kai na buhun shinkafa ba. Abin da ya biya don samun wannan sauƙi ƙarin naira miliyan 23 ne da shekara goma na rayuwarsa cikin bashi. Dalilin a fili yake: a kan kashi 25, ruwan miliyan 10 kaɗai naira 208,333 ne a wata, kuma duk tsawon da aka ba wa wa'adi biyan wata ba zai taɓa sauka ƙasa da wannan adadi ba. A rancen shekara 20 ɗin, abin da ke rage bashi a watan farko bai kai naira 1,500 ba. Wannan ne ya sa mai laccar nan bai yarda da maganar da ake ta nanatawa a tarurruka ba, cewa maganin matsalar rancen gida a Najeriya shi ne tsawaita wa'adi. An kafa kamfanin NMRC a 2013 domin ya samar wa bankuna kuɗi mai dogon zango, kuma niyyar mai kyau ce. Amma dogon wa'adi yana taimako ne inda ruwa ya yi ƙasa. Inda ruwa ya haura kashi 20, tsawaita wa'adi banki yake yi wa aiki, mai gida kuwa ya zama ɗan haya a gidan da ke ɗauke da sunansa.

Akwai kuma wata dabara da aka fi gani a ƙananan masu ba da rance da wasu masu gina gidajen sayarwa a biya sannu a hankali. Za a ce ruwan kashi 10 ne kawai, mutum ya ji sanyi a ransa. Sai dai ana ƙirga kashi 10 ɗin ne a kan cikakkiyar uwar kuɗi kowace shekara, ko da an biya rabinta. Miliyan 10 a shekara 10 ta wannan hanya ta zama miliyan 20, naira 166,667 a wata. Da a kan ragowar bashi ake ƙirgawa, da 132,151 ne a wata, jimilla miliyan 15.86. Abin da aka kira kashi 10 a nan, in an auna shi da ma'aunin da aka auna rancen Asusun Gidaje, kusan kashi 16 ne. Mai karɓar rance ba shi da hanyar gane wannan daga jin adadin ruwa kaɗai. Jimilla ce ke tona asirin.

Kuma duk lissafin da aka yi zuwa yanzu bai taɓa kuɗaɗen da ake biya kafin a karɓi mabuɗi ba. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta samun amincewar gwamna kafin a jinginar da fili ko gida, kuma wannan amincewa tana tafe da kuɗin hatimi da na rajista, a hukumomin rajistar filaye irin su AGIS ta Abuja, ko KADGIS ta Kaduna, ko KANGIS ta Kano. Ga kuɗin mai ƙiyasta darajar gida, ga na lauyan da zai binciki takardu, ga ladan dillali. Banki na da damar cirar kuɗin gudanarwa har kashi 1 na rancen bisa ƙa'idar Babban Banki, sannan ga inshorar gobara da ta rai waɗanda ake sabuntawa duk shekara. In aka yi jinkirin biya, ƙa'idar ta ba da damar ɗora tarar da ta kai kashi 1 a wata a kan abin da ba a biya ba. Kafin alƙalami ma kuɗi ne. Tun daga 2022 hukumar fansho ta PenCom ta ba ma'aikaci damar cirar har kashi 25 na abin da ke asusun fanshonsa don ya biya shi, kuma an yi ta murna. Amma wannan kuɗi na tsufansa ne, kuma ribar da zai tara a shekaru ashirin masu zuwa ta tafi tare da shi. Ya kamata a sa ta cikin kuɗin gidan.

Abokan aiki suna da amsa guda da suke so, wato hauhawar farashi. Sukan ce a ƙasar da hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 a Disamban 2024, naira 59,955 ta shekara 20 masu zuwa ba za ta sayi komai ba, saboda haka jimlar lissafi yaudarar ido ce. Ga rancen kashi 6 wanda ruwansa ba ya motsi, akwai ƙamshin gaskiya a maganar, kuma wanda ya samu irinsa ya riƙe shi da hannu biyu. Amma albashi ba ya bin farashi ƙafa da ƙafa. Mafi ƙarancin albashi ya tsaya a naira 30,000 daga 2019 har zuwa 2024 kafin a mayar da shi 70,000. Ruwan bankin kasuwanci kuwa galibi yana da sharaɗin cewa banki na iya sauya shi idan kasuwa ta sauya, kuma miliyan 10 na shekara 15 da ke cin naira 161,000 a wata a kan kashi 18 zai ci 213,600 a kan kashi 25. Hauhawar farashi ba ta yafe wa wannan mutum ko kwabo ba.

A Arewa kuma akwai waɗanda maganar ruwa ba ta ma taso musu ba, domin riba haramun ce kuma ba za su kusance ta ba. Su ne ke sayen fili bana, su zuba harsashi baɗi, su tara bulo da kuɗin adashi, su tare a ɗaki biyu kafin a yi filasta. Masana kan raina wannan hanya, amma ita ta gina mafi yawan unguwannin Kano da Katsina da Sakkwato. Ga masu son abin da ya fi wannan sauri, akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012, da TAJ da Lotus da suka biyo baya. Cinikin murabaha yana da wata falala da ta dace da hujjar wannan lacca: banki ya sayi gida, ya faɗi ribarsa, ya faɗi farashin ƙarshe tun ranar farko, kuma farashin ba ya ƙaruwa. Amma halaccin ciniki daban, arharsa daban. A tsarin ijara, inda ake biyan haya har a mallaki gida, sai mai saye ya tambaya ko ana sake duba kuɗin hayar, kuma duk bayan wane lokaci, sannan ya nemi a rubuta masa jimilla kamar kowa.

Abin da ake nema daga hukuma ba sabo ba ne a duniya. Amurka ta yi doka tun 1968 da ta tilasta wa mai ba da rance ya bayyana haƙiƙanin ruwan shekara da jimillar abin da za a biya, kuma tun 2015 mai neman rancen gida a can yana karɓar takarda mai shafi uku, iri ɗaya a kowane banki, cikin kwanakin aiki uku da miƙa buƙatarsa. Babban Bankin Najeriya yana da ƙa'idojin kare masu hulɗa da bankuna, amma jadawalin biya mai layi 360 da aka liƙa a bayan takardar tayi, da ƙananan haruffa da Turancin lauyoyi, bai wadatar da malamin firamare ba. Mai wannan lacca ya daɗe yana kira da a tilasta shafi guda a gaban kowace takardar tayi, da Hausa ga mai jin Hausa, wanda zai nuna da manyan lambobi abin da aka ranta, abin da za a biya gaba ɗaya har da kuɗin takardu da inshora, saura nawa bayan shekara biyar da goma, da kuma yadda biyan wata zai koma idan ruwa ya ƙaru da kashi biyar. Duk tallan rancen gida a rediyo da ya ambaci biyan wata, a hana shi fita sai ya ambaci jimilla.

Haka nan a haramta cin tarar wanda ya so rage bashinsa kafin wa'adi. Ma'aikacin nan na farko, mai miliyan 10 a kan kashi 6, idan ya ɗora naira 10,000 a kan biyansa na kowane wata, zai gama a kimanin shekara 21 maimakon 30, kuma kusan naira miliyan huɗu za su zauna a hannunsa. Ƙungiyoyin ƙwadago da ƙungiyoyin gama-kai na ma'aikata, waɗanda ta hannunsu ake cike fom ɗin rance da yawa, su ne suka fi dacewa su zaunar da mambobinsu su buga musu wannan lissafi kafin a sa hannu. Sassan lissafi da na tattalin arziki na jami'o'in Arewa kuma za su iya buga jadawalin da Hausa, na kashi 6 zuwa kashi 30, na shekara 5 zuwa 30, su raba shi a sakatariyoyin jihohi.