WANDA YA ƊAUKI MAI HATSARI BA SHI YA KAƊE SHI BA

Jawabi ga magoya bayan tafiyarmu na Jega, Aliero da Maiyama

 

Yau maganar hanya zan yi. Titin da ya taso daga Sakkwato ya ratsa Aliero, ya shigo Jega, ya wuce Maiyama zuwa Koko da Yawuri, dare da rana ba ya hutawa. Tireloli, motocin albasa, 'yan kabu-kabu, duk a kansa. Idan tsautsayi ya faɗa, kafin jami'i ya iso, wa ke wurin? Manomi, mai shayi, direban da ke bayansu. To me ya sa mutum zai ga ɗan'uwansa kwance cikin jini, ya tsaya yana ɗaukar hoto? Wallahi ba rashin imani ba ne, tsoro ne. Tsoron a ce kai ka kaɗe shi, a riƙe motarka, ka kwana a caji ofis, gobe a nemi kuɗin beli, alhali beli kyauta ne.

Jama'a, akwai dokokin da ya kamata kowa ya riƙe. Dokar lafiya ta ƙasa ta 2014, sashe na 20, ta hana kowane asibiti ƙin karɓar mai buƙatar agajin gaggawa, ko da wane dalili. Wanda ya saɓa, tarar naira 100,000 ko ɗaurin wata 6, ko duka biyun. Dokar hukumar kiyaye haɗurra ta 2007 ita ma ta sa ƙin karɓar mai hatsari cikin laifuffuka. Ke nan batun sai an kawo takardar 'yan sanda kafin a taɓa majinyaci ba shi da gindin zama.

Sai dai waɗannan suna kare wanda ya ji rauni ne. Shi wanda ya ɗauko shi fa? A Disambar 2017 marigayi Shugaba Buhari ya sa hannu kan dokar kula da waɗanda aka harba da bindiga, wadda ta ce a mutunta mai taimako, kada a tsare shi da tambayoyin wulaƙanci. Amma ta tsaya kan harbi. Mu kuwa a nan, ranar kasuwa kaɗai ta isa ta nuna maka abin da babur da mota ke yi wa mutane.

Indiya ta sha wannan matsala. A 2016 kotun ƙolinsu ta tilasta bin ƙa'idojin kare mai taimako, a 2019 aka shigar da su dokar motoci: ba a tuhumarsa, ba a matsa masa ya faɗi sunansa. Me zai hana Kebbi?

Buƙatarmu ga Majalisar Dokoki a Birnin Kebbi guda 3 ce. Na ɗaya, wanda ya kai mai hatsari asibiti a sallame shi nan take, ba kuɗin kati, ba jingina. Na biyu, ba da shaida ya zama da yardarsa, zama ɗaya, ba a yi ta jeka-ka-dawo ba. Na uku, jami'in da ya tsare shi ba hujja a hukunta shi. Wannan ba faɗa da 'yan sanda ba ne. Bincike aikinsu ne, kuma su ma za su fi samun shaidu idan tsoro ya kau.

Aliero ta yi suna wajen ɗori, daga nesa ake kawo masu karaya. Abin kunya ne a ce a ƙasar masu ɗori ana barin mutum bakin titi har rai ya yi halinsa.

Don haka duk ɗan majalisa ko ɗan takarar da ya zo neman ƙuri'a, namu ne ko na wancan ɓangare, ku tambaye shi: za ka kai wannan ƙuduri? Ya amsa a gaban jama'a. Kafin nan, kowa ya adana 122 ta hukumar kiyaye haɗurra da 112 a wayarsa. Ka kira, ka samu mutum biyu su raka ka, ka kai shi asibiti mafi kusa.

Allah ya tsare hanyoyinmu, ya jiƙan waɗanda suka riga mu. Wassalamu alaikum.